Rantsuwar da Ban Yi Ba

Da sunan Allah Mai rahama, wanda ya san abin da bawa ya bayyana da abin da ya binne. Tsira da aminci su tabbata ga Manzonsa.

Ni ne Ari ɗan Bukar, wanda Damagaram ta sani da Ari Mai Kamyo, ko da yake kamyon, wato babbar motar kayan, ya bar hannuna shekara goma ke nan. Ina rubuta wannan da hannuna, da ajamin da mahaifina ya koya mini, a zauren gidanmu na Birni, cikin watan Janairu na shekarar 1985. Ƙafafuna sun kumbura, numfashi yana yi mini gardama, amma hankalina garau yake. Na san ranar da muke ciki, na san kuɗin tiyar gero jiya a kasuwa, na kuma san wanda ke gaida wani da wanda ba ya gaida wani a cikin gidan nan. Saboda haka kada wani ya ce ciwo ne ya sa tsoho sambatu. Liman Malam Salisu da maƙwabcina Adamu za su sa hannu a bayan takardar in na naɗe ta, ba tare da sun karanta ba. A buɗe ta ranar sadakar uku a gaban uwarku Hauwa, ku uku kawai: Tijjani, Suma'ila da Zainaba. Zainaba ce za ta karanta, domin ita kaɗai ce ku maza biyu za ku yarda ba ta ƙara ba, ba ta rage ba.

Na ɗaya. Likkafanina yana cikin adakar uwarku, na saya tun ina da hali. Kada a ci bashin ko dala don a ciyar da masu ta'aziyya. Shekarar fari ce, mutanen ƙauye sun cika bakin gari da 'ya'yansu. Duk wanda ya zo gaisuwa ya ga ruwa kawai a gabansa zai gane, wanda bai gane ba dama ba ta'aziyya ta kawo shi ba.

Na biyu, kuma saboda shi na ɗauki alƙalami. Gidan nan da kakanku ya gina bayan ya zo daga Barno yana jingine a hannun gwamnati, kun sani. Abin da ban tabbata kun riƙe ba shi ne yadda wa'adi ya matso. Jika hamsin na sefa ake kaiwa biro, wato ofishin gwamnati, duk wata uku. Na kai sau talatin da tara, saura uku. Na watan Disamba ban kai ba, domin babu. A takardar sulhu an rubuta cewa in biya biyu suka haɗu ba a kai ba, sai gwanjo. To, ƙarshen Maris biya biyu za su haɗu, jika ɗari ke nan, kuma ba na jin zan ga ƙarshen Maris. Gwamnati ba ta zaman makoki. Kuna sadakar arba'in mai liƙa takarda zai tsaya a ƙofar nan, uwarku da shekarunta sittin ta fita da tukwane a ka. Dillali kuwa ya riga ya gaya mini wanda ke jiran gwanjon da kuɗinsa a aljihu. Alkasum ne.

Ku maza kun san sunan. Zainaba tana ƙarama lokacin, abin da ta sani guntu-guntu ne daga bakin mata. Bari in faɗi yadda aka yi, wannan karon duka.

A shekarar 1974, a tsakiyar waccan yunwa, hatsin taimako ya riƙa zuwa daga waje, jar dawa mai wari wadda ko jaki sai ya yi shawara kafin ya sa baki. Aka nemi masu kamyo su kai ƙauyuka. Ni aka ba ni buhu ɗari uku in kai mangaza, wato ɗakin ajiyar hatsi, ta Damagaram Takaya, sawu uku. Mai riƙe da mabuɗin mangazar Alkasum ne. Rana ɗaya aka yi mana kaciya da shi, a bukka ɗaya muka yi jinya, shi ne babban abokina ranar da aka kawo uwarku. Na sauke sawun farko, ya ce hatimi yana wajen babba, babba ya fita rangadi, in na gama kawowa sai ya rubuta mini takarda ɗaya ta duka. Na biyu haka, na uku haka. Na buɗe baki in ce ya rubuta mini ko layi biyu da hannunsa, sai nauyi ya kama ni. A gidanmu an koya mana cewa neman takarda wajen aboki daidai yake da kiransa maƙaryaci. Na sha shayinsa, na tada mota, na dawo. An ce kunyar mara kunya asara ce, ni kuwa ban san da wa nake kunyar ba sai da aski ya zo gaban goshi.

Da soja suka karɓi mulki aka shiga binciken hatsi. Littafin Alkasum ya nuna ko ƙwaya ɗaya ba ta shiga mangazarsa daga hannuna ba. Leburorin da suka sauke kayan yunwa ta watsa su, wasu Kano, wasu kabari. Aka aiko mini takarda in biya kuɗin buhu ɗari uku, kuma ba da farashin da gwamnati ta sa ba, da farashin bayan fage na tsakiyar yunwa, jika goma kowane buhu, ga tara a kai. Na ce zan je kotu. Aka ce babu kotu, domin a takardar kwangila na dangwala yatsa cewa in rigima ta taso mutum uku za su yi sulhu, abin da suka yanke kuma ba ɗaukaka ƙara.

Mutum ukun su ne wakilin gwamnati, wani saurayi da Hausarsa ke tafiya da sanda, da alƙali guda daga fada, da wakilin 'yan kasuwa, Alhaji Lawan Bakane. Allah ya jiƙan Alhaji Lawan. Kullum sai ya tsokane ni cewa Badamagare ko lissafin yatsunsa aka ce ya yi sai ya nemi aron Bakane, amma a ɗakin nan shi kaɗai ya tsaya mini. Ya ce tunda magana ce ta baki da baki, Alkasum ya dafa Alƙur'ani. Saurayin nan ya ce ma'aikaci ba ya rantsuwa, littafinsa ke magana. Sulhu fa ake yi, amma ɗaya daga cikin masu sulhun shi ne mai bin bashin. Zama huɗu muka yi, ana ta juya magana cikin Faransanci, Suma'ila yana fassara mini a kunne. A na ƙarshe alƙali ya ce to ni in rantse, ranar Juma'a bayan salla, cewa buhu ɗari uku na sauke cif, ko ɗaya bai ɓace ba. In na rantse a sallame ni a juya kan Alkasum. Wakilin gwamnati ya yi dariya ya ce ya yarda.

Abin da ya faru ranar duk gari ya sani. Na yi alwala, na je gaban Littafin, na miƙa hannu, na janye. Na ce mahaifina ya hana ni dafa Alƙur'ani a kan dukiya ko da gaskiyata. Aka rubuta cewa na ƙi rantsuwa. Aka sayar da kamyo da arhar banza, aka yanka mini sauran kashi arba'in da biyu, aka riƙe takardar gida. Alhaji Lawan ya bi ni har bakin hanya yana cewa, kai Malam Ari, wane irin taurin kai ne wannan, gaskiya ma sai an roƙe ka ka faɗe ta? Rabin gari suka ce waliyyi ne, rabi suka ce wawa ne.

Na uku, zuwa gare ka Tijjani. Kai kana cikin rabi na biyu, ko da yake ladabi bai bar ka ka faɗa mini a ido ba. Ka ce ko dala ɗayarka ba za ta shiga bashin zalunci ba, kuma ka cika maganarka, shekara goma. Ka ce ƙanenka ne ya sayar da ni ga mutanen biro, tunda shi ya karanta mini takardar kwangila, kuma yanzu a biro yake cin abinci. Ka ja katanga a tsakar gidan da aka binne cibiyarku, har matanku sai sun zagaya ta waje kafin su ari garwashi. To ka ji daga bakina. Suma'ila ya karanta mini layin sulhun nan sau biyu, ya ce Baba a dakata a tambayi masana. Ni na ce masa rigima da wa, ni da Alkasum? Na dangwala yatsa yana kallo, idonsa ya cika da hawaye, na ce masa lakwal, makarantar bokon nan, ta koya masa tsoro. Tun ranar da ya fara ɗaukar albashi rabin abin da ake kaiwa biro daga aljihunsa yake fita, bai taɓa goranta wa kowa ba. Kekensa ma da ka ga babu, ba sace shi aka yi ba. Ba shi da laifi ko na ƙwayar zarra. A rushe katangar nan kafin sadakar bakwai, kuma da hannunka za a fara.

Na huɗu. Wannan ban taɓa gaya wa kowa ba, alƙalamin ma sai da na ajiye shi kwana biyu kafin in iya ci gaba.

Mahaifina bai hana ni rantsuwa a kan gaskiya ba. Ƙarya na yi wa mamaci a ƙofar masallaci. Na janye hannuna ne domin ba buhu ɗari uku na sauke ba. Ɗari biyu da tamanin da takwas na sauke.

Tijjani, a lokacin jigilar hatsin nan kana Kano cin rani, ka bar mana matarka Balaraba da tsohon ciki. Ta haihu babu abin da za a dama mata. Kuɗin kwangila ba a biya ba, gero ya ɓace daga kasuwa, dusa muke gaurayawa da ganye, mu goma sha huɗu a gidan. Nono ya ƙi zuwa. Jaririn ya yi kuka kwana uku, a na huɗu ya daina, ba don ya ƙoshi ba. Da na kai sawu na uku ina zaune da Alkasum sai na ba shi labari, kamar yadda mutum ke gaya wa amininsa. Shi ya dafa kafaɗata ya ce haba Ari, kana ɗauke da hatsi a mota jikanka na mutuwa? Ya ce in bar sha biyu a ƙarƙashin tamfol, in an biya ni in saya in mayar, ba mai ji ba mai gani. Har addu'a na yi masa. Na kawo buhunan gida na ce wajen wani Bakane na samu bashi. Uwarku ta dubi rubutun da ke jikinsu, ta juye dawar cikin tsofaffin buhunan gyaɗa ta ƙone masu rubutun a murhu. Har yau ba mu taɓa yin maganar ba, ni da ita. Aka dama wa Balaraba kunu, bayan kwana biyu nono ya zo. Yaron nan shi ne Idirisu. Tuwon jar dawar da Zainaba ke turewa tana cewa yana wari, shi ne ya fitar da mu duka zuwa kaka.

Ban san cewa da buhu sha biyun nan Alkasum ya saye bakina ba. Ya mai da ni abokin cin mushe, sa'an nan ya kwashe ɗari biyu da tamanin da takwas hankalinsa kwance, domin ya san mutumin da yake hulɗa da shi. Ya san zan iya sata don jariri, amma ba zan iya dafa Littafin Allah a kan ƙarya ba. Ranar rantsuwar, ina cire takalmi a ƙofar masallaci, ya matso kusa da ni da fara'a, ya ce, ya mai jego, ruwan nono ya samu? Iyakar abin da ya faɗa ke nan. In kun ce don me ban faɗi sha biyun na rantse a kan sauran ba, ku tambayi waɗanda suka ga lokacin. Wanda ya taɓa buhu ɗaya na taimako da wanda ya taɓa dubu, mota ɗaya ake zuba su a yi kurkukun arewa da su, kuma ba duka ke dawowa ba. Na ji tsoro. Na zaɓi in biya kuɗin satar wani da in amsa tawa.

Shekara goma ina cin yabon da ba nawa ba. Mutane na tashi su ba ni sahun gaba, ana kawo mini ajiya, ana ce wa yara ku yi koyi da Malam Ari. Duk lokacin da aka faɗa sai in ji kamar an zuba mini yashi a baki. Da zagin ɓarawo aka yi mini da na fi samun barci.

Na biyar. Tijjani, na san kana da jika ɗari da ashirin wajen maigidanka na tasha, kana tarawa ka sayi ƙaramar mota ka riƙa jigilar Mirriya. Ka sha rana a kan hanyar Agadas kafin ka tara su, ban raina ba. Ba ni da ikon in yi wasiyya da kuɗin da ba nawa ba, roƙo nake yi. Ka ba da ɗari kafin ƙarshen Maris. Suma'ila ya nemo hamsin na watan Yuni, Zainaba ta taimaka da abin da mijinta ya yarje mata, kada ta sayar da 'yan kunnenta, ta riga ta sayar da warwaro bara ta ɗauka ban sani ba. Gaskiyarka, bashin zalunci ne, kashi mafi yawa. Amma a cikinsa akwai kason da ya bi ta maƙogwaronmu duka, kuma wanda ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. In an zo rabon gado a fitar maka da abin da ka ba da kafin a raba, shi ma Suma'ila a lissafa nasa, in ya yarda ya faɗa.

Na shida. Alkasum. Ya yi bene, ya je Makka sau biyu, ana kiransa Alhaji, ƙafarsa ko kaushi babu. Kada wanda ya ce muku alhaki na kama mutum tun a duniya, ni ban ga ya kama shi ba, kuma na zuba ido sosai. Ban yafe masa ba. Na gwada, na kasa, ba kuma zan yi ƙaryar yafewa a bakin kabari ba. Amma kada wanda ya taɓa shi. Tijjani, ƙarfen tada mota da ka taɓa ɗauka ka nufi gidansa, ka bar shi inda yake. In ya zo ta'aziyya, kuma zai zo, da babbar riga da kuka, ku shimfiɗa masa tabarma ku ba shi ruwa. In ya miƙo gudummawa ku mayar masa a gaban mutane. Ba gidan yake so ba, yana da uku. So yake ya zauna a zauren nan ya tabbatar wa kansa cewa maganar ta mutu.

Na bakwai. A ƙarƙashin gadona akwai gwangwanin shayi, cikinsa takardun biya talatin da tara, kowace da hatiminta. Kada ɗaya ta ɓata. Ranar biyan ƙarshe ku je ku biyu, kada ku bar biro sai da takardar gida da takardar da ta ce an sallame ku. In an ce babba ya fita, ku zauna har ya dawo, ko kwana nawa ne. Daga yau duk abin da kuka ba wani ko kuka karɓa, ku rubuta, ko tsakaninku ne. Allah da kansa ya ce a rubuta, mu ne muka ga mun fi ƙarfin haka.

Rabon gado Allah ya riga ya yi shi, ba zan sa baki ba. Abin da ya rage ma ba shi da yawa: gidan, in kun cece shi, da garkar Mirriya, lambun nan da rijiyarsa ta ƙafe, da sikeli. Shawarata kada a sayar da gidan muddin uwarku na numfashi, kuma ɗakin kudu ya zauna na Zainaba duk ranar da ta zo. Akwatin kayan gyaran mota ina so ya tafi ga Tijjani, Alƙur'anin kakanku na hannu ga Suma'ila, in kun yarda da juna.

Na takwas. Gwamnati ta karɓi kuɗin buhu ɗari uku, har da tara. Mutanen da aka aiko wa hatsin ba su ga ko tiya ba, kuma ba wanda ya zauna sulhu dominsu. Na ɗari biyu da tamanin da takwas ba ni zan amsa ba. Sha biyun nawa ne. Daga sulusin abin da na bari, duk shekarar da Allah ya kawo damina, ku sayi buhu goma sha biyu na gero mai kyau, ba jar dawa ba, ku kai ƙauyukan arewacin Damagaram Takaya ku raba wa gidajen da suka fi rashi. Kada ku bi ta mangaza, kada ku ba kowa ya raba muku. In an tambaye ku sadakar wa, ku ce ba sadaka ba ce, kayansu ne ya makara a hanya.

Hauwa, ki yafe mini. Kin riƙe mini abin da ya fi ƙarfin namiji, kuma ban taɓa ce miki sannu ba.

Ku kuma, Allah ya yi muku albarka, ya raba ku da ranar da za ku zaɓa tsakanin yunwar ɗa da haƙƙin wani. Allah ya ba ku abokai da suka fi nawa, ya sa ku fi ni ƙarfin zuciya. Ku ci a akushi ɗaya ko da ruwa za a zuba a ciki. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga, namu kuwa yana bakin ƙofa yana jira. Na yafe muku duk abin da kuka yi mini, wanda na sani da wanda ban sani ba, ku ma ku yafe wa ubanku, wanda ba waliyyi ba ne.

Tijjani, na san halinka, yanzu haka ka miƙe tsaye kana neman ƙofa. Ban ce ka ba da amsa yau ba. Kafin ka ce eh ko a'a, ka fita tsakar gida ka kira Idirisu, ka dube shi da kyau.